Su sun adana Sven Wollter, mu ina muka kai Samanja?

Aikina a nan Suwidin kula da tsofaffi ne, a wani gida na ƙaramar hukuma. Bene ne mai hawa uku, kowane tsoho da ɗakinsa da banɗakinsa, sunansa a rubuce a jikin ƙofa, ya kawo kujerarsa ta gida da hotunan jikokinsa ya jera. A tsakiyar kowane hawa akwai falo inda ake cin abinci, ga tukwanen fure a taga, ga talabijin a bango. Idan Nuwamba ta yi nisa, kafin ƙarfe huɗu na yamma duhu ya rufe gari, sai a kunna 'yan fitilu a kowace taga, a dafa gahawa, a fito da wani burodi mai kirfa da sukari, tsofaffin su turo 'yan kekunan da suke dogarawa su zo su zazzauna. Fika ake kiran wannan zama, kuma ko a ofishin minista ba a tsallake shi.

A irin wannan zama ne wata abokiyar aikina, 'yar ƙasa, ta sa musu faifan wani tsohon shirin talabijin mai suna Raskens, na shekarar 1976. Hoto garau, sauti garau, kai ka ce bara aka ɗauka. Akwai wata tsohuwa a hawanmu da ciwon mantuwa ya ci ƙarfinta, ɗanta na cikinta idan ya zo sai ta tambaye shi ko shi ne mai gyaran famfo. Ana nuno fuskar jarumin, Sven Wollter, wanda ya fito a soja, sai ta ajiye cokali, ta ɗaga yatsa ta ce, “Sven ne.” Wani dattijo kuma da ya yi aiki a masana'antar takarda har ya yi ritaya, wanda magana sai an matsa masa, ya yi gyaran murya ya ce, “Ɗan gurguzu ne, amma ya iya aikinsa.” Daga nan babu wanda ya sake neman a kai shi ɗaki har aka gama.

Muna kwashe kofuna sai abokiyar aikin nan ta tambaye ni, mu a ƙasarmu wane ne kamar wannan, wanda kakanni da jikoki duk suka sani? Ban ko tsaya tunani ba na ce Samanja. Na ce shi ma a soja yake fitowa, kuma sojan gaske ne ma. Ta ce in nuna mata. Na ciro waya na shiga YouTube. Abin da na samu wani guntu ne da aka kwafo daga kaset ɗin da ya sha kallo, hoton yana rawa, layi-layi na ratsa fuskoki, sautin yana zuwa yana ɗaukewa, ga lambar wayar wanda ya ɗora ta cinye rabin allon. Ta leƙa, ta yi irin murmushin nan nasu na ladabi, ta ce, “Kai, da ban sha'awa. A ina ake samun cikakkensa?” Na ce ana samu, na mayar da wayata aljihu. Da raini ta yi mini da na san amsar da zan ba ta. Da zuciya ɗaya ta tambaya, don a tunaninta kowace ƙasa tana da inda take ajiye irin wannan kaya.

Bari in ba ku labarin mutumin, don na san a gida ba a san shi ba. An haifi Sven Wollter a birnin Göteborg a 1934. Yana ɗan shekara 19 ya shiga makarantar koyon wasa ta gidan wasan kwaikwayo na birnin, ya yi shekara huɗu a ciki, daga 1953 zuwa 1957. Gidan wasan na birni ne, da kuɗin jama'a ake tafiyar da shi, kuma sai an yi maka gwaji kafin a ɗauke ka. Ya yi shekaru yana wasan daɓe daga wannan gari zuwa wancan kafin mutanen ƙasa su san fuskarsa a 1966, a shirin talabijin na Hemsöborna da aka ciro daga littafin August Strindberg. A nan ya fito a ɗan wata bazawara mai gona a tsibiri, saurayi mai ɗaure fuska, wanda ya ƙi jinin baren da aka ɗauko aikin gona ya zo yana neman auren uwarsa da gadon ubansa. Labari ne da ko a Rimin Gado aka nuna shi ba sai an yi wa kowa bayani ba.

Raskens ne ya shigar da shi kowane gida. Kashi takwas ne, daga littafin Vilhelm Moberg na 1927. A da can Suwidin tana da wani tsari na riƙe sojoji: manoman yanki su haɗu su ɗauki nauyin soja guda, su ba shi ɗan gidan katako da ɗan fili ya noma, idan an buga ƙaho ya ajiye garma ya ɗauki bindiga. Sai a 1901 aka yanke shawarar soke tsarin. Wollter ya fito a irin wannan soja a lardin Småland, ƙasar duwatsu da dazuzzuka, shi da matarsa suna haƙe duwatsu daga gona, 'ya'ya suna ƙaruwa, hatsi ba ya kai su bazara. Dogo ne mai faɗin kafaɗa, muryarsa mai kauri a ɗan dushe, kuma yana da wata dabara ta yin shiru ya bar fuskarsa ta yi magana. An ce a lokacin mata sun yi ta rububinsa, har jaridu suka laƙaba masa sunan namijin da ya fi kowa ɗaukar hankali a ƙasar. Tsofaffin matan gidanmu har yanzu idan an ambaci wannan sai su yi dariya su rufe baki.

A wannan shekarar dai ya fito a ɗan sanda a fim ɗin Bo Widerberg wanda aka faɗo da jirgi mai saukar ungulu a dandalin Odenplan, tsakiyar Stockholm, abin da har yau ake labarinsa. Ya ci Guldbagge, babbar kyautar fim ta ƙasar, a kan finafinansa na 1984. Andrei Tarkovsky na Rasha ya sa shi a fim ɗinsa na ƙarshe, wanda aka ɗauka a tsibirin Gotland ya fito a 1986. Ya leƙa Amurka ma: a 1999 ya fito a wani tsohon sarki a fim ɗin da Antonio Banderas ya hau matsayin Ahmad ibn Fadlan, jakadan nan na Bagadaza da ya je bakin kogin Bolga a shekarar 922 ya rubuta abin da ya gani. Amma bai tare a can ba, ya dawo daɓensa. Wanda ya fi taɓa ni, saboda aikina, shi ne na 2001, inda ya fito a mawaƙi mai shirya kiɗa da ciwon mantuwa ya kama. Wadda ta fito a matarsa, Viveka Seldahl, abokiyar zamansa ce ta gaske, kuma ta rasu a cikin wannan shekarar. Su biyun duka an ba su Guldbagge, ita bayan ranta. Na kalli fim ɗin da idon ma'aikaci, ina neman inda zai yi ƙari ko ya rage, na ga irin kallon nan na mutumin da ya san ya kamata ya gane ka amma abin ya ƙi zuwa. Kullum ina ganinsa a wurin aiki, kuma haka yake. Daga baya ya yi jerin finafinan wani tsohon ɗan sanda mai suna Van Veeteren, ya rubuta littattafai a tsufansa, ya koma zama a Luleå can arewa mai nisa. Korona ce ta yi ajalinsa ranar 10 ga Nuwamba 2020, yana da shekara 86.

Maganar gurguzun da dattijon nan ya yi gaskiya ce. Wollter ɗan wata ƙaramar jam'iyyar kwaminis ne mai tsauri, bai taɓa ɓoyewa ba, a bainar jama'a yake faɗa. A 1977 yana cikin 'yan wasa da mawaƙan da suka ɗauki katafaren tanti suka zaga ƙasar suna nuna tarihin gwagwarmayar ma'aikata. A 2018 ya karɓi wata kyauta mai sunan Lenin, aka yi masa ca a jaridu. Ni ba ruwana da aƙidarsa, Allah ya tsare ni da ita. Abin lura shi ne mutum yana cewa a kifar da tsarin ƙasa, gidan talabijin na ƙasa kuma yana ba shi babban matsayi, gidan wasan birnin Stockholm yana biyan sa albashi, wanda ya ƙi jinin ra'ayinsa yana zaune yana kallonsa da jin daɗi. Mu kuwa a 2008 kotun tafi-da-gidanka a Kano ta ɗaure Rabilu Musa Ibro, mutumin da ya fi kowa sa talakan Arewa dariya.

Hazaƙa kam ba su fi mu ba, kada wani ya ce sanyi ya taɓa mini ƙwaƙwalwa. Duk wanda ya ga Kasimu Yero a Karambana ko a Magana Jari Ce ya san ko a daɓen Stockholm aka ajiye shi ba zai ji kunya ba. Inda suka bar mu shi ne ajiya. Tun 1661 akwai doka a Suwidin cewa duk abin da aka buga a maɗaba'a sai an kai wa hukuma kwafi. Asalinta ma don masu mulki su sa ido a kan abin da ake rubutawa aka yi ta, amma ga inda ta kai su. Daga 1979 aka haɗa da sauti da hoto, wato rediyo da talabijin da fim da faifan waƙa, kuma babban ɗakin karatu na ƙasa ne ke riƙe da su yanzu. Cibiyar finafinai ta ƙasa an kafa ta a 1963, da kashi 10 cikin 100 na kuɗin tikitin silima aka fara tafiyar da ita. Tana da rumbuna masu sanyi na ajiye fim, tana da kundi a intanet inda za ka rubuta sunan fim ka ga jerin waɗanda suka fito, da mai ɗaukar hoto, da ranar da aka fara nunawa. Tun 2013 kuma gidan talabijin na ƙasa ya buɗe rumbun tsofaffin shirye-shiryensa a intanet, mai zama a ƙasar ya shiga ya kalla ba ko sisi.

To ku duba namu. Tun 2001 Kano take da hukumar tace finafinai, kuma dokar ita ce fim ya bi ta hannunta kafin ya shiga kasuwa. Da a ce duk fim ɗin da aka tace an ware kwafinsa mai kyau an sa a ɗaki mai sanyi, an buɗe wa ɗalibi da mai bincike da irina ƙofa, da yanzu muna da rumbun da babu kamarsa a Afirka ta Yamma. Almakashi muka riƙe muka bar akwati. Turmin Danya na 1990, wanda ake cewa daga shi finafinan bidiyo na Kano suka faro, mutum nawa ne 'yan ƙasa da shekara 30 suka taɓa ganinsa? Abin da ya tsira yawanci ƙoƙarin ɗaiɗaikun mutane ne irin su Farfesa Abdalla Uba Adamu, da wasu bayin Allah da suka ƙi zubar da kaset ɗinsu.

Ga wanda ya fi ciwo. A shekarar da aka yi Raskens, 1976, a ita Adamu Halilu ya yi fim ɗin Shaihu Umar daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. Fim na silima sosai, da Hausa, labarin da firaministan ƙasa ya rubuta da hannunsa. Shekara da shekaru ana ganin ya ɓace. Sai a 2016 aka gano shi a ma'ajiyar hukumar finafinai ta Najeriya, wata cibiya a Jamus mai suna Arsenal ta gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018. Wato Bajamushe ya zauna a kujera mai laushi ya kalli Shaihu Umar tas, alhali ɗan Bauci da ya karanta littafin a makaranta bai ma san an taɓa yin fim ɗin ba.

Sai maganar cikin ɗan wasa da lafiyarsa. A nan 'yan wasa suna da ƙungiyar ƙwadago tun 1894, ita ke zama da gidajen wasa da masu shirya fim a yanke mafi ƙarancin abin da za a biya. Idan an maimaita shirinka akwai haƙƙinka a ciki. Tun 1999 akwai wani tsari da ke ɗaukar ƙwararrun 'yan wasa masu zaman kansu ya riƙa ba su albashi a tsakanin wannan aiki da wancan. Fansho kowa na da shi, ko da ɗan kaɗan ne. Kuɗin ganin likita akwai iyakar da ba a wucewa a shekara, kimanin kurona 1,400 na kuɗin ƙasar a 2024, daga nan kyauta ne har shekarar ta zagayo, wanda ya kai 85 kuma ba ya biya sam. Saboda haka Wollter ya yi jinyarsa ya mutu ba a ɗauki hotonsa a gadon asibiti an rubuta lambar asusu a ƙasa ba.

Mu kuwa mun saba da wannan hoton har ya daina ba mu kunya. A Fabrairun 2022 Ladin Cima ta gaya wa BBC Hausa cewa akwai fim ɗin da naira dubu biyu ake ba ta. Masu shirya fim suka fito suka musanta, wasu suka faɗi abin da suka taɓa ba ta, aka yi ta cacar baki a Facebook da Instagram. Ni ban damu da wanda ya fi gaskiya ba. Rigimar kanta ta nuna babu takarda, babu farashin da aka yanke, komai ya danganta da kirkin wanda ya kira ka. Karkuzu na Bodara ya tsufa a Jos idonsa ya tafi, sai da ya fito ya yi kuka a bidiyo kafin ɗan ƙwallo Ahmed Musa ya saya masa gida. Allah ya saka wa Ahmed Musa da alheri. Amma ƙasa ba ta dogara da cewa wani yaro zai iya buga ƙwallo a Turai kuma ya tashi da tausayi. Kasimu Yero ya rasu a Satumbar 2017, Usman Baba Pategi, wato Samanja, a Nuwambar 2023, aka yi ta sa hotunansu ana Allah ya ji ƙan maza, bayan sadakar uku kowa ya kama gabansa.

Tushen abin, a ganina, raini ne. Muna son dariyar, ba ma son mai sa mu dariyar. A ce ɗan dirama ya zo neman aure gidan mutunci, kun san fuskar da baffanni za su yi. A 2016 gwamnatin tarayya ta ce za ta gina ƙauyen fim a Kofa ta jihar Kano, aka yi caa a kan mumbari da rediyo har aka janye. Ban ce duk abin da malamai suka faɗa ba shi da tushe ba, akwai ɓarna a harkar, kowa ya sani. Amma da aka rushe wancan, me aka gina a madadinsa? Makaranta ce aka buɗe da za ta koya wa yara wasa mai tsabta? Mun manta cewa Malam Aminu Kano da kansa ya rubuta wasannin kwaikwayo, da su ya riƙa yi wa azzalumai shaguɓe tun kafin NEPU ta yi ƙarfi. Idan wasa aikin 'yan tasha ne, sai a gaya mana a wace tasha Malam ya yi lodi.

Kada in yi musu kwalliyar da ba su da ita. A 1941 gobara ta cinye mafi yawan asalin finafinan farko na babban kamfanin fim na ƙasar, su ma sun yi asara. Finafinansu da yawa akwai tsiraici, ba na barin yarana su zauna a gabansu, ni ma sau da yawa tashi nake. Haraji kuwa kusan kashi ɗaya cikin uku na albashina yake tafiya kafin in gan shi. Kuma na ga shekarar korona da idona a gidan tsofaffi: daga Afrilu zuwa ƙarshen Satumbar 2020 an hana ziyara a duk ƙasar, tsofaffi suka yi ta mutuwa, 'ya'yansu na tsaye a waje suna ɗaga hannu ta gilashi. Kwamitin da gwamnati ta kafa ya ce an kasa kare tsofaffi, Sarki Carl Gustaf ma a Disambar shekarar ya ce a ganinsa an gaza. Ko ba korona, akwai waɗanda daga Kirsimeti sai Kirsimeti ake leƙo su. Gawa takan yi mako biyu, uku a firji ana neman ranar da kowa ke da sarari, doka ta ba da har wata guda. Na taɓa zuwa jana'izar wani da na yi wa hidima, mu ma'aikata mun fi danginsa yawa. Ranar na yi kewar gida sosai, inda kafin a gama wanka layi ya cika, wanda bai san ka ba ma ya tsaya ya yi maka salla.

Sai dai taron jana'iza ba ya biyan kuɗin wankin ƙoda. Kullum da wannan muke rufe bakin kanmu, mu ce ai mu muna da zumunci. Muna da shi, wallahi, shi ne ma abin da ke hana ni barci a nan. Amma wa ya ce sai an zaɓi ɗaya? Wace aya ce ta hana mai zumunci ya rubuta yarjejeniya, ko ya sa kaset a ɗaki mai sanyi?

Na faɗa wa yayana wannan a waya, ya bari na gama sannan ya ce, “Kai dai ka ci ka ƙoshi ne. Mutane na neman na masara kana maganar kaset. Su nawa ne a ƙasar taku gaba ɗaya?” Na ce Yaya, sun ɗan haura miliyan 10, kuma rabonsu da yaƙi tun 1814, duk na yarda. Amma ka san mutanen nan yunwa ta taɓa korar fiye da miliyan ɗaya daga cikinsu zuwa Amurka? Talaucin da Wollter ya nuna a Raskens na kakanninsu ne, ba ƙirƙira ba ce. Dokar ajiyarsu ta girmi arzikinsu da fiye da shekara 200. Kuma mu ba rashin kuɗi ke damunmu ba, ka dubi jerin motocin da ke bin gwamna guda zuwa ɗaurin aure. Ba na jin kwashe duk tsofaffin kaset na gidajen talabijin ɗin Kaduna da Kano da Sakkwato da Jos a mayar da su cikin kwamfuta zai ci kuɗin biyu daga cikinsu. Kaset kuma ba ya jira, zafi da ƙura da laimar damina suna cin sa ko an kalla ko ba a kalla ba. Ya ce, “To ka dawo ka yi mana.” Na san za a faɗa mini haka a ƙarƙashin wannan rubutu ma. Mu na waje kuɗinmu halal ne idan an tashi biki ko an kwantar da wani a asibiti, bakinmu ne kawai ba a so. Ni ban bar gida don na raina shi ba, kuma rabin abin da nake samu a wanke tsofaffin wasu can yake komawa.

Kuma tunda an zo nan, bari in faɗi abin da ke ƙasan zuciyata. Yarana a nan aka haife su. A makaranta ana karanta musu littattafan da aka karanta wa iyayen abokansu, a talabijin suna kallon shirye-shiryen yara da aka yi tun kafin a haife ni, an goge su sun yi fes. Idan suka zauna da 'ya'yan maƙwabta, dariyarsu ɗaya, waƙoƙinsu ɗaya da na kakannin yaran. Ƙasar tana shigar musu da kayanta ta kowace kafa, ba da faɗa ba. Ni me zan ajiye a ɗaya gefen? Hausarsu ta cin abinci ce da gaisuwa. Idan Hajiya ta kira ta bidiyo, babbar takan ce “Ina wuni, Kaka, lafiya lau,” daga nan sai ta juyo ta kalle ni in ƙarasa mata. Na gwada su da finafinan yanzu, uwarsu ta ce ba za a koya wa 'ya'yanta soyayya da rawa ba tun ba su iya alwala da kyau ba. Abin da nake so su gani shi ne irin wanda muka taru muka kalla a talabijin ɗin maƙwabta, Hausa mai nauyi, dattawa na magana da karin magana, yaro ya ji yadda ake yi wa babba magana da yadda ake zolayar aboki.

Abin haushin ma, dokar makarantun nan ta ba kowane yaro damar a koya masa harshen gidansu, da kuɗin hukuma. Sharaɗin shi ne a samu aƙalla yara biyar masu so a ƙaramar hukumar, a kuma samu malamin da ya dace. Somaliyawa suna da ajinsu, Larabawa suna da nasu, mutanen Eritiriya ma haka, duk ranar da aka ware za ka ga yaransu da 'yan littattafansu. Mu da muke taƙama da cewa harshenmu ya fi kowanne yawan masu magana a Afirka ta Yamma, a garin nan mun kasa cika biyar. Malami ba matsala ba ne, akwai wata baiwar Allah 'yar Kumasi da ta yi koyarwa kafin ta zo, ta ce a shirye take. Yaran ne ba su kai ba. Akwai wani ɗan Damagaram mai yara uku 'yan makaranta, tafiyar minti ashirin a jirgin ƙasa tsakaninmu, amma garinsu wata ƙaramar hukumar ce, ba za a lissafa da su ba. Tun bara nake lallaɓa shi ya dawo ɓangarenmu. Na nuna masa haya ta fi sauƙi a nan, masallacinmu ya fi nasu fili, akwai mai sayar da naman halal a bakin tasha. Ya ce shi ya yarda, maiɗakinsa ce ba ta son rabuwa da maƙwabtanta, don haka yanzu na sa tawa maiɗakin a kan maganar.